Tambaya da Amsa: Gajerun Finafinan Zane na Ban Tsoro daga Japan

Wasiƙun da suka shigo mana a wannan watan sun karkata ga gajerun finafinan zane na ban tsoro da ake yi a ƙasar Japan, waɗanda yanzu suke yawo a wayoyin matasa. Mun zaɓi shida daga ciki, mun kuma taƙaita waɗanda suka yi tsawo.

Tambaya: Assalamu alaikum. Wani abokina ya turo mini wani katun na Japan wanda bai kai minti biyar ba. Yana farawa ne da wani tsoho mai rufaffiyar fuska yana tara yara a filin wasa, sannan ya ba su labarin fatalwa. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne hotunan kusan ba sa motsi, kamar daga takarda aka yanko su. Abokina ya ce rashin kuɗi ne ya sa. Ko haka ne? Daga Bashir, Fagge, Kano.

Amsa: Wa alaikumus salam, Malam Bashir. Bisa kwatancen da ka yi, shirin da ka gani shi ne Yamishibai, wanda kamfanin ILCA ya shirya, tashar TV Tokyo kuma ta fara nunawa a watan Yulin 2013. Zangonsa na farko fitowa 13 ne, kowace da labarinta daban, kuma ya samu karɓuwa har ya haura zango goma. Abokinka yana da rabin gaskiya, domin aiki irin wannan ba ya cin kuɗi kamar katun mai cikakken motsi, kuma dama tun 1963, lokacin da shahararren mai zane Osamu Tezuka ya fara yi wa talabijin katun na mako-mako, masu wannan sana'a a Japan suka saba da rage yawan zanen da ake nunawa a kowace daƙiƙa domin aiki ya fita a kan lokaci. Amma a wannan shirin da gangan aka tsayar da hotunan, saboda ana kwaikwayon wata tsohuwar sana'ar bakin titi ce mai suna kamishibai.

A shekarun 1930, lokacin da tattalin arziki ya karye, mutane da yawa suka rasa aiki, sai wasu magidanta suka koma yawo unguwa-unguwa a kan keke, ɗauke da akwatin katako mai buɗaɗɗiyar fuska wanda ake zura kwalaye masu zane a cikinsa. Idan mai labari ya isa unguwa sai ya buga wasu guntayen katako biyu da juna, yara su fito da gudu, ya sayar musu da alewa, wanda ya saya ya tsaya a gaba, wanda bai saya ba ya leƙa daga baya. Daga nan sai ya riƙa zare kwalin ɗaya bayan ɗaya yana ba da labari yana sauya murya, kuma ya yanke shi daidai inda ya fi daɗi domin gobe a dawo a sake sayen alewa. Sana'ar ta sake bunƙasa bayan yaƙin duniya na biyu, sannan ta fara mutuwa bayan da aka buɗe talabijin a ƙasar a 1953. Da yawa daga masu zana kwalayen sai suka koma zana littattafan labari, cikinsu har da Shigeru Mizuki, wanda ya rasa hannunsa na hagu a yaƙin, ya kuma zama mutumin da ya fi kowa shahara wajen zana dodannin gargajiyar Japan. To, tsohon nan mai abin rufe fuska ruwan ɗorawa da ka gani, mai wannan sana'ar ne, kuma kiran da yake yi wa yara a farkon kowace fitowa ba ya sauyawa, kamar yadda kaka ba ta soma tatsuniya sai ta ce ga ta nan ga ta nanku.

A ganina, rashin motsin nan shi ne ƙarfin shirin. Idan hoto ya tsaya cik, idon mai kallo yakan daɗe a kan fuska ɗaya, ya fara neman abin da bai yi daidai ba, ta yadda ƙwayar ido ɗaya ta juya ko ƙofa ta buɗe da faɗin yatsa sai gaban mutum ya faɗi. Sauran aikin kuma sauti ne yake yin sa, wato numfashi, da takun ƙafa a saman bene, da shirun da ya yi tsawo. Gajartar lokacin ma tana taimakawa, domin a cikin minti huɗu babu damar bayani: ana nuna maka wuri na yau da kullum, kamar gidan haya ko ofis ko jirgin ƙasa, a saka abu ɗaya da ya saɓa wa hankali, sannan a rufe labari kafin ka sami amsa. Fitowar farko misali ce mai kyau. Wani saurayi ya tare a sabon ɗaki, ya ga laya manne a silin, ya ɓamɓare ta, ga kuma wata mata a gidan da ke kallon nasa tana zura masa ido. Da ya dawo ya tarar an sake manna wasu, sai ya sa aka kama matar, ya yayyage layun duka cikin fushi, a nan ne ya gane cewa su ne suke tsare shi daga abin da yake zaune a ɗakin tun kafin zuwansa. Ba kowace fitowa ce ta kai wannan ba. Wasu ba su da abin da suka dogara a kai sai mummunar fuska da ƙara a daƙiƙar ƙarshe, irin waɗannan kuwa da an kalla sau ɗaya sun ƙare.

Tambaya: Me ya sa fatalwar finafinan Japan kusan kullum mace ce mai farin tufafi da dogon gashi a barbaje? Kuma me ya sa labarin yakan ƙare ba tare da an yi maganinta ba? Daga Malama Hadiza, Tudun Wada, Zariya.

Amsa: Malama, siffar da kika lura da ita ta girmi fim nesa ba kusa ba. Farin tufafin shi ne wanda ake sanya wa mamaci a al'adarsu, gashin kuma an sake shi ne saboda matan zamanin Edo, wato daga 1603 zuwa 1868, a ɗaure suke ajiye gashinsu a raye, sai wajen jana'iza ake kwance shi. Sau da yawa kuma za ki ga ba a zana mata ƙafafu, abin da ake danganta farkonsa ga wani zane na Maruyama Okyo, mai zanen ƙarni na 18. Gidajen wasan kwaikwayo na kabuki ne suka ɗauki wannan siffa suka kafa ta a zukatan mutane.

Mata biyu ne suka fi kowa tasiri a nan. Ta farko ita ce Oiwa, ta cikin wasan Yotsuya Kaidan da Tsuruya Nanboku na huɗu ya rubuta a 1825. Mijinta Iemon, jarumin da ya rasa ubangida ya talauce, ya yi kwaɗayin auren jikar wani maƙwabci mai dukiya, aka ba Oiwa guba da sunan magani, fuskarta ta lalace, gashinta ya riƙa zubewa tana tajewa, ta mutu da baƙin ciki. Daga nan fuskarta ta riƙa bayyana masa ko'ina, har a jikin fitilar takarda, ta ruɗe shi har ya sare amaryarsa da hannunsa. Ta biyu ita ce Okiku, baiwar da maigidanta ya nema ta ƙi, sai ya ɓoye ɗaya daga cikin wasu farantai goma masu daraja ya ɗora mata laifin, aka kashe ta aka jefa a rijiya. Kowane dare sai a ji muryarta daga rijiyar tana ƙirga farantan, idan ta kai tara ta fashe da kuka. Har yau akwai rijiyar da ake kira da sunanta a fadar Himeji, kuma duk wanda ya kalli fim ɗin Ringu na 1998, inda fatalwa take fitowa daga rijiya, ya ga jikanyar wannan labari.

Idan kika dubi matan biyu za ki ga amsar tambayarki ta biyu. Dukansu an zalunce su ne a cikin gida, a zamanin da matar aure ko baiwa ba ta da inda za ta kai ƙarar maigida, sai labarin ya ba su bayan mutuwa ƙarfin da ba su da shi a raye. Saboda haka fatalwar haƙƙi ce da ba a biya ba, kuma ba a korar haƙƙi da takobi. Shirin Ayakashi na kamfanin Toei, na 2006, ya mayar da labarin Oiwa katun a fitowa huɗu, kuma daga kashinsa na ƙarshe aka samo shirin Mononoke na 2007, wanda Kenji Nakamura ya ba da umarni. A cikinsa akwai wani mai tallar magani da ba ya iya zare takobinsa a kan aljani sai ya san abu uku: siffarsa, da gaskiyar abin da ya faru, da dalilin ƙullin da ke ransa. Kusan kullum idan aka tono gaskiyar sai a tarar mutanen gidan sun fi aljanin muni.

Sai dai ba duka ne mata ba. Akwai wani babban rukuni na dodanni da ake kira yokai, irin su dodon ruwa, da yanyawa mai rikiɗa, da tsohuwar lema mai ido ɗaya, waɗanda Toriyama Sekien ya fara tattarawa a littafin zane a 1776. Akwai kuma na birni, kamar matar nan mai tsagaggen baki da jita-jitarta ta firgita 'yan makaranta a 1979, da Hanako, yarinyar da ake cewa tana zaune a ɗaki na uku na banɗakin 'yan mata a makaranta. Gajerun finafinan yanzu sun fi ɗibar labari daga irin waɗannan na birni.

Tambaya: Na lura yawancin labaran a lokacin zafi suke faruwa, ana gumi ana jin kukan ƙwari. Akwai dalili? Daga Nura, Gusau.

Amsa: Akwai, Malam Nura. A tsakiyar watan Agusta, a wasu wurare kuma Yuli, ake bikin Obon, lokacin da mutanen Japan suka yi imani cewa ruhin kakanni yana ziyartar gida, a kunna wuta a tarbe shi, a saki fitilu a kan ruwa a raka shi. Gidajen kabuki sun saba sanya wasannin fatalwa a wannan lokacin, kuma mutane suna cewa tashin tsikar jiki yana rage zafi. Akwai ma wani wasan dare na zamanin Edo da ake kunna fitilu ɗari, duk wanda ya gama ba da labari ya kashe ɗaya, ɗaki yana ƙara duhu, da imanin cewa idan ta ɗarin ta mutu wani abu zai bayyana, shi ya sa akan tsaya a na 99. Wannan wasa yana cikin dalilan da suka sa labarin tsoro na Japan ya saba zuwa gajere-gajere a jere.

Tambaya: Shin wannan sabon abu ne na zamanin waya, ko akwai tsofaffi? Ina son waɗanda aka yi da gwaninta, ba na firgitarwa kawai ba. Daga Malam Isufu, Damagaram.

Amsa: Malam Isufu, katun a Japan gajere ya fara, tun 1917, sai dai yawancin na farkon sun salwanta, musamman a girgizar ƙasar da ta rushe Tokiyo a 1923. Daga cikin na bayan yaƙi, ka nemi Yureisen na Noburo Ofuji, na 1956, labarin jirgin ruwan da 'yan fashin teku suka hallaka mutanensa, matattun kuma suka dawo musu. Ofuji ya yi shi ne da inuwar yankakkun takardu da leda mai launi da ake haskawa daga ƙasa, ya kuma samu yabo a bikin finafinai na Venice a Italiya. Bayan rasuwarsa aka sanya wa wata babbar kyautar katun ta ƙasar sunansa.

Wanda na fi so in nuna maka shi ne Kihachiro Kawamoto, wanda ya rasu a 2010. Da 'yan tsana yake aiki, a ɗauki hoto, a ɗan motsa 'yar tsanar, a sake ɗauka, kuma ya je birnin Prague a 1963 ya koyi aiki a wurin Jiri Trnka, gwanin finafinan 'yan tsana, wanda ya ba shi shawarar ya koma ga al'adar ƙasarsa. Fim ɗinsa Oni na 1972 kimanin minti takwas ne, an ɗauko shi daga wani tarin labarai na ƙarni na 12. Wasu maharba biyu wa da ƙane suka fita farauta da dare suka bar tsohuwarsu kwance ba lafiya, wani hannu ya sauko daga bishiya ya damƙi gashin ɗaya, ɗayan ya harba kibiya ya tsinke hannun, da suka koma gida sai suka tarar hannun na mahaifiyarsu ne, wadda wahalar rayuwa da tsufa suka mayar da ita dodo. Babu ihu a fim ɗin, babu magana ma sai rubutu da kiɗa, fuskar 'yar tsana kuma ba ta sauyawa, amma idan ta sunkuyar da kai haske ya sauya a kanta sai ka rantse kuka take yi. Dojoji na 1976 kuwa labarin wata mata ce da ta kamu da son wani matashin malamin addinin Buddha, ya yaudare ta ya gudu, ta bi shi har ta rikiɗe ta zama macijiya a kogi, ta naɗe ƙatuwar ƙararrawar da aka ɓoye shi a ciki ta ƙone shi. Kawamoto ne kuma ya kammala fim ɗin ƙarshe na abokinsa Tadanari Okamoto a 1991, wanda aka ɗauko daga labarin Kenji Miyazawa: maharba biyu 'yan birni suka shiga wani gidan abinci a dawa, kowace ƙofa da umarninta, a ajiye bindiga, a cire riga, a shafa mai, sai can suka fahimci cewa su ne abincin.

A na kusa-kusa, akwai Atama-yama na Koji Yamamura, na 2002, mai minti goma, wanda ya ci babbar kyautar bikin Annecy a Faransa a 2003, ya kuma shiga takarar Oscar. Wani marowaci ne da ba ya zubar da komai, har ƙwallon 'ya'yan itace yake cinyewa, sai bishiya ta tsiro a kansa, mutane suka riƙa taruwa a ƙarƙashinta suna shagali. Da ya tumɓuke ta ramin ya zama tafki, suka dawo iyo, daga ƙarshe ya faɗa cikin tafkin da ke kansa. Dariya ce a sama, amma abin da ke ƙasa ba na dariya ba ne. Shuhei Morita kuma ya yi Tsukumo, wanda ya fito a cikin tarin Short Peace a 2013 ya shiga takarar Oscar a 2014, a kan imanin cewa kayan aiki idan suka shekara ɗari sukan yi rai. Wani matafiyi mai gyaran kaya ya fake wa ruwan sama a wani kangon wurin bauta, tsofaffin lemomi da yadudduka da aka yar suka taso masa, shi kuwa maimakon gudu sai ya buɗe akwatinsa ya hau gyara su.

Tambaya: 'Ya'yana ƙanana, babban ciki shekararsa 11, suna kallon waɗannan abubuwa a wayar yayansu, idan na yi magana sai su ce ai katun ne. Ƙaramar yanzu ba ta yarda ta shiga banɗaki ita kaɗai da dare. Ya zan yi? Daga Hajiya Maman Ummi, Unguwar Rimi, Kaduna.

Amsa: Hajiya, Allah ya raya su. Kina da gaskiya, domin a Japan katun hanya ce ta ba da labari ga kowane rukunin shekaru, kuma shirye-shirye irin su Yamishibai da Kagewani da Kowabon can cikin dare ake sanya su a talabijin, lokacin da yara suka yi barci. Finafinan da ake kaiwa silima a can kuma akwai hukumar da take tantance su, mai suna Eirin, wadda take raba su gida huɗu: na kowa, da na wanda bai kai 12 ba sai da jagorancin iyaye, da na 15 zuwa sama, da na 18 zuwa sama. Matsalar ita ce idan aka gutsuro fim aka tura ta waya, duk wannan bayani ba ya biyo shi. Kasancewar yara ne taurarin labari ma ba hujja ba ce. Kakurenbo na Shuhei Morita, mai minti 25, yara ne sanye da fuskar yanyawa suke wasan ɓuya a wani kufan birni, dodanni suna kama su ɗaya bayan ɗaya, kuma ƙarshensa babu wanda aka ceto.

Shawarata ita ce ki riƙa kallo kafin su kalla, abin da bai da wuya tunda yawanci minti biyar ne, ki kuma yi magana da yayan nasu, tunda daga wayarsa abin yake fitowa. Ita ƙaramar a daina nuna mata gaba ɗaya, a raka ta banɗakin ba tare da tsokana ba har tsoron ya sake ta. Ga manyan kuma yana da kyau ki bayyana musu cewa labaran an gina su ne a kan abin da mabiya addinan Shinto da Buddha suka ɗauka game da matattu, wato al'adar wasu mutane ce da aka mayar labari, ba abin da muka yi imani da shi ba. Idan dodanni suke so, GeGeGe no Kitaro na Mizuki, wanda aka fara nunawa a talabijin a 1968, da yara aka yi nufinsa, ko da yake shi ma wasu fitowar sun fi ƙarfin 'yar shekara biyar.

Tambaya: Ina jin ana cewa katun ɗin labaran Junji Ito bai kai littattafansa ba. Ta yaya hoto mai motsi zai kasa wanda ba ya motsi? Daga Aisha, ɗaliba a Sakkwato.

Amsa: Malama Aisha, masu faɗin haka ba su yi ƙarya ba. An haifi Ito, mai zana littattafan labaran tsoro, a lardin Gifu a 1963, ya yi aikin haɗa haƙoran roba kafin labarinsa Tomie ya fito a 1987, kuma yawancin ayyukansa gajeru ne, shi ya sa aka ga sun dace da gajeren fim. An gwada a 2018 da shiri mai fitowa 12, aka sake a Netflix a 2023, amma masu karatunsa da dama ba su gamsu ba. Dalili na farko shi ne Ito yana tsara shafi ne ta yadda mummunan hoton yake bayan takarda, mai karatu da hannunsa zai buɗe shi, ya kuma tsaya a kansa gwargwadon yadda zuciyarsa ta ɗauka, alhali a fim darakta ne yake yanke tsawon lokacin. Na biyu, tsoron zanensa yana cikin dubban siraran layuka na baƙar tawada, waɗanda dole a rage su idan za a maimaita zane sau da yawa a daƙiƙa, idan kuma aka shafa launi sai fatar da ta ruɓe ta koma sumul. Masu shirya Uzumaki, labarin garin da murɗaɗɗen zane irin na bayan dodon koɗi ya haukata mutanensa, sun fahimci wannan, suka yi shi baƙi da fari a fitowa huɗu a 2024. Fitowar farko ta sha yabo saboda ta riƙe layukan Ito, amma daga ta biyu ingancin zanen ya faɗi warwas, masu kallo suka yi ta ƙorafi. Idan za ki fara, ki fara da littafin Uzumaki, wanda ya fito tsakanin 1998 da 1999, sannan ki kalli fitowar farko ta katun ɗin ki kwatanta.